Abul Ƙasim Az-Zahrawi: Likitan Fiɗa Kuma Malamin Likitoci

An haifi Abul Ƙasim Khalaf ɗan Abbas wajen shekara ta 936 Miladiyya a ƙasar Andalus, wadda ake kira Sifaniya a yau. Ya sami laƙabin Az-Zahrawi daga Madinatuz Zahra, birnin sarauta da Halifa Abdurrahman na Uku ya gina kusa da Ƙurɗuba. A wannan yanki ya yi karatu, ya yi aiki, har ya zama likita a fadar Halifa Al-Hakam na Biyu, wanda ya yi mulki daga 961 zuwa 976.

A zamaninsa aikin fiɗa ya lalace a Andalus. Masana sun yi watsi da shi, ya faɗa hannun waɗanda ba su san yadda jikin ɗan Adam yake ba, suna yanka inda bai kamata ba, majinyata suna rasa rayukansu. Wannan ɓarna ce Az-Zahrawi ya tashi gyarawa, kuma hanyar da ya bi ita ce karantarwa. Ya shimfiɗa wa almajiransa sharaɗi cewa kada wanda ya ɗauki wuƙa sai ya san gaɓoɓi da jijiyoyi da ƙasusuwa. Yana kiransu ƴaƴansa, yana kuma gargaɗinsu da su guji aikin da hatsarinsa ya fi amfaninsa.

Wajen shekara ta 1000 ya kammala babban littafinsa, At-Tasrif, mai kashi 30. Kashi na ƙarshe, wanda ya keɓe wa fiɗa, shi ne ya ɗaukaka sunansa. Ya raba shi gida uku: na farko a kan lalas, na biyu a kan tsaga da raunuka da ƙaho, na uku a kan ɗori. A ciki ya zana siffar kayan aiki kimanin 200, domin almajiri ya gan su da idonsa, maƙeri kuma ya iya ƙera su. Ya bayyana ɗinkin rauni da zaren hanjin dabba, da ɗaure jijiya don tsayar da jini, da fitar da tsakuwa daga mafitsara. Ya kuma rubuta wa ungozomomi yadda za su yi idan haihuwa ta zo da gardama.

Ya kan kafa hujja da abin da ya gani da kansa. Ya kawo labarin wata baiwa da ta yanka maƙogwaronta da wuƙa. Da ya duba ya ga manyan jijiyoyin wuya ba su taɓu ba, sai ya ɗinke raunin, ta kuwa warke. Daga nan ya nuna wa almajiransa cewa tsaga maƙogwaro ba lalle ya zama ajali ba. Haka kuma bai ɓoye iyakar iyawarsa ba, domin ya rubuta cewa bai taɓa warkar da ciwon daji da ya daɗe ya yi girma ba.

Ya rasu wajen shekara ta 1013, lokacin da yaƙin basasa ya rusa Madinatuz Zahra. Birnin ya zama kufai, amma littafin ya ci gaba da yawo. A ƙarni na 12 Gerard na Cremona ya fassara kashin fiɗa zuwa Latinanci a birnin Toledo, Turawa suka san marubucin da suna Albucasis. Likitan Faransa Guy de Chauliac ya ambace shi wajen sau 200 a littafin fiɗa da ya kammala a 1363, kuma makarantun likitanci na Turai sun yi ɗaruruwan shekaru suna karantar da shi.

Allah ya jiƙansa da rahama, amin.