Charles Grandison Finney (1792–1875): Tuba da Gyaran Al'umma a Amurka

Masana tarihin addini a Amurka suna ɗaukar Charles Grandison Finney a matsayin jigon yunƙurin farfaɗo da addinin Kirista a farkon ƙarni na 19. An haife shi ranar 29 ga Agusta, 1792, a garin Warren na jihar Connecticut, amma ya tashi a karkarar jihar Niyok. Yana cikin koyon aikin lauya a garin Adams ya tuba a watan Oktoban 1821, ya ajiye littattafan shari'a ya rungumi wa'azi. A shekarar 1824 cocin Presbyterian ya naɗa shi limami.

Abin da ya bambanta shi da malaman zamaninsa shi ne fahimtarsa game da ƙaddara. Magada koyarwar John Calvin sun tafi a kan cewa Ubangiji ya riga ya zaɓi waɗanda za su tsira. Shi kuwa Finney ya koyar da cewa mutum yana da ikon zaɓar tuba nan take, don haka alhakin jinkiri yana wuyansa. A kan wannan ya gina salon wa'azinsa: yana kafa hujja kamar lauya a gaban alƙali, yana keɓe benci a gaba domin masu neman tuba, yana kuma barin mata su yi addu'a a bayyane cikin taron da ya haɗa maza. Manyan limamai irin su Lyman Beecher sun soki waɗannan hanyoyi a taron New Lebanon na 1827, sai dai wa'azin da ya yi a birnin Rochester daga 1830 zuwa 1831 ya ƙara fito da sunansa.

A wurin Finney, tubar da ba ta bayyana a aikace ba, ba ta cika ba. Wannan ne ya sa mabiyansa suka shiga yaƙi da shan giya da kuma bauta. A cocinsa na birnin Niyok ya hana masu mallakar bayi cin jibin Ubangiji. Theodore Weld, wanda ya tuba a hannunsa, ya zama ɗaya daga cikin fitattun masu fafitikar 'yanta bayi. A 1835 Finney ya wallafa laccocinsa kan farfaɗo da addini, ya kuma karɓi aikin koyar da ilimin tauhidi a kwalejin Oberlin ta jihar Ohio, wadda ta buɗe ƙofarta ga baƙaƙen fata da mata. Ya shugabanci kwalejin daga 1851 zuwa 1866.

Duk da haka, gyaran nasa yana da iyaka. Ya yi Allah wadai da bauta, amma bai amince baƙaƙe da farare su cakuɗa a wurin zama cikin cocinsa na Niyok ba, abin da ya haddasa saɓani tsakaninsa da attajiran nan 'yan'uwan juna, Arthur da Lewis Tappan, masu ɗaukar nauyin aikinsa. Yana ganin gyaran zukata ne zai kawar da bauta, yana kuma tsoron kada fafitika ta shagaltar da ɗalibansa daga wa'azi. A ƙarshe yaƙin basasa na 1861 zuwa 1865 ne ya kawo ƙarshen bautar.

Finney ya rasu a Oberlin ranar 16 ga Agusta, 1875. Ya bar wa manazarta tambayar da har yau ba a rufe ta ba: shin gyaran zuciya kaɗai yana iya rushe zaluncin da doka ta tsaya masa?