Khalifa Muhammadu Sanusi: Sarkin da Ya Bar Gadon Mulki Ya Riƙe Carbi

Da sunan Allah Mai rahama Mai jinƙai. Tsira da aminci su tabbata ga Shugaban halitta da alayensa da sahabbansa.

Bayan haka, ya 'yan'uwa, ga taƙaitaccen tarihin Khalifa Muhammadu Sanusi, Allah Ya ƙara masa yarda. Shi ɗa ne ga Sarkin Kano Abdullahi Bayero, wanda ya sadu da Shehu Ibrahim Inyass a aikin Hajji a 1937, haɗuwar da ta buɗe wa Faila ƙofa a ƙasar Hausa. A wannan gida ya tashi, ya sha karatu da tarbiyya, ya riƙe sarautar Ciroman Kano. Da mahaifinsa ya rasu a 1953 ya gaje shi, ya zama sarki na 11 a jerin sarakunan Fulani.

A lokacin nan masarautarmu ta Gumel tana cikin Lardin Kano, don haka iyayenmu sun shaidi zamaninsa. Ya kasance jigo a jam'iyyar NPC tare da Sardauna Ahmadu Bello, ya yi minista a gwamnatin Jihar Arewa, har ya riƙe kujerar Gwamna na wucin gadi. A zamaninsa masana'antu suka bunƙasa a Bompai. Duk da haka, shi da kansa yake limancin sallar Juma'a, malamai da muƙaddamai kuma ba sa yankewa daga fadarsa.

Sai jarrabawa ta zo. Saɓani ya shiga tsakaninsa da gwamnatin Kaduna, aka kafa kwamitin Muffett ya binciki kuɗin En'e ta Kano, a 1963 ya yi murabus aka kai shi Azare. Jama'arsa sun fusata ƙwarai, amma shi ya zaɓi haƙuri, ya duƙufa ga karatun Alƙur'ani da lazimi da wazifa da zikirin Juma'a. Shehu Ibrahim ya naɗa shi Khalifansa a Najeriya, muridai suka riƙa tururuwa zuwa gare shi daga ko'ina. A zamanin Gwamna Abubakar Rimi ya dawo Wudil, ya zauna can har wafatinsa a 1991, aka yi masa makwanci a gidan Nassarawa a Kano.

Shekara goma ya yi bisa gadon sarauta, ya yi ashirin da takwas a kan buzun ibada. Duk muridin da aka raba da muƙami ko dukiya, to, ya dubi yadda wannan bawan Allah ya karɓi ƙaddara.

Allah Ya haskaka kabarinsa, Ya ba mu albarkacinsa, amin.