Roman Vishniac: Mai Hoton Al'ummar da Aka Shafe

An haifi Roman Vishniac ran 19 ga watan Agusta, 1897, a Pavlovsk kusa da birnin St. Petersburg na ƙasar Rasha, a gidan Yahudawa masu hali. A Mosko ya tashi, ya kuma yi karatun ilmin halittu. Tun yana yaro ya shaƙu da kyamara da madubin duba ƙwayoyin halitta. Bayan juyin mulkin 'yan gurguzu, sai ya yi ƙaura zuwa Balin a 1920.

Da Hitila ya hau mulkin Jamus a 1933, zama ya yi wa Yahudawa tsanani. A 1935 wata ƙungiyar agaji ta Yahudawan Amurka, wadda aka fi sani da JDC, ta ɗauke shi aikin ɗauko hotunan Yahudawan Gabashin Turai, domin a nuna wa masu hannu da shuni halin da suke ciki, a tara gudummawa. Daga nan har 1938 ya yi ta zagaya Polan da Romaniya da Cekoslobakiya da Lituwaniya. Ya ɗauki yara a gaban malamansu, da 'yan dako, da tsofaffi masu sayar da kayan tireda a lungunan Warso da Krako. A ƙauyukan duwatsun Karpatiya kuwa har majigi ya ɗauka.

Ba a jima ba Yaƙin Duniya na Biyu ya ɓarke, 'yan Nazi suka hallaka Yahudawa kimanin miliyan 6. Shi kansa an tsare shi a wani sansani a Faransa, kafin ya samu ya tsira da iyalinsa zuwa New York ta hanyar Lisbon a ƙarshen 1940. Aikin da aka yi don neman taimako sai ya zama shaida. Yahudawan da suka watsu a duniya, waɗanda ba su da ko hoton kakanninsu, a cikin hotunansa suka riƙa neman kamannin gidajen da suka baro. Littafinsa mai suna A Vanished World, watau duniyar da ta ɓace, ya fito a 1983.

Sai dai binciken da aka yi bayan rasuwarsa ya nuna cewa matalauta da masu tsananin riƙo da addini aka fi zaɓa aka buga, alhali ya ɗauki 'yan boko da masu wadata ma, kuma wasu bayanan da ya rubuta a ƙarƙashin hotunan ba daidai suke ba. Wannan ya sa masana suka daina ɗaukar littafin a matsayin cikakken hoton rayuwar mutanen.

A Amurka ya koma ga sha'awarsa ta ƙuruciya, ya yi suna wajen ɗaukar hoton ƙananan halittu da ido ba ya gani. Ya rasu a New York ran 22 ga Janairu, 1990, yana da shekara 92. A 2018 'yarsa ta ba Jami'ar Kalifoniya da ke Berkeley tarin ayyukansa.