Steve Biko: Ɗalibin da ya farkar da baƙar fata

An haifi Steve Biko ranar 18 ga watan Disamban 1946 a Afirka ta Kudu, gab da Turawa 'yan tsiraru su mayar da wariyar launin fata manufar gwamnati.

Yana karatun likita a Jami'ar Natal ya jagoranci kafa ƙungiyar ɗalibai baƙar fata ta SASO a 1968. Aƙidarsa ita ce, sai baƙar fata sun daina ganin kansu a matsayin ƙasƙantattu kafin su iya kawar da zalunci.

A 1973 hukumomi suka killace shi a garin King William's Town, amma kiran nasa ya riga ya isa makarantu, ya kuma zaburar da ɗaliban da suka yi boren Soweto a 1976.

'Yan sanda sun kama shi a watan Agustan 1977, suka lakaɗa masa duka. Ya mutu a tsare a Pretoria ranar 12 ga Satumba, yana da shekaru 30.

Gwamnati ta danganta mutuwar da yajin cin abinci, sai dai binciken likitoci ya gano mummunan rauni a ƙwaƙwalwarsa.