W. E. B. Du Bois: Masanin da Ya Kai Ƙarar Ƙasarsa

An haifi William Edward Burghardt Du Bois ranar 23 ga Fabrairu, 1868, a garin Great Barrington na jihar Massachusetts. Shi ne baƙar fata na farko da ya sami digirin digirgir a Jami'ar Harvard, a 1895. Yana cikin waɗanda suka kafa ƙungiyar NAACP a 1909, ya kuma shekara 24 yana editan mujallarta, The Crisis.

Bai taɓa yarda cewa wariyar launin fata matsalar cikin gidan Amurka ce kaɗai ba. A wurinsa, hana baƙar fata ƙuri'a a Mississippi da mulkin mallaka a Afirka duk Ɗanjuma ne da Ɗanjummai. Wannan ra'ayi ne ya kai shi taron haɗin kan Afirka na Paris a 1919, da na Manchester a 1945, inda ya zauna da Kwame Nkrumah da Jomo Kenyatta.

A watan Oktoba na 1947 aka miƙa wa Majalisar Ɗinkin Duniya takardar koken da ya jagoranci rubutawa da sunan NAACP, mai suna An Appeal to the World. Ta zo a mugun lokaci, domin yaƙin cacar baka ya kankama, Amurka kuwa na tallata kanta a matsayin uwar 'yanci. Eleanor Roosevelt, wakiliyar Amurka a Majalisar, wadda kuma take cikin hukumar gudanarwar NAACP, ta ƙi ɗaukar maganar, don gudun kada Tarayyar Sobiyet ta sami abin goranta wa Amurka. Wakilan Sobiyet suka nemi a duba koken, aka ƙi. A 1948 ƙungiyar ta sallame shi.

A 1951, yana da shekara 83, aka gurfanar da shi bisa zargin yi wa ƙasar waje aiki ba rajista. Alƙali ya wanke shi, amma aka hana shi fasfo har 1958, saboda haka bikin 'yancin Ghana na 1957 ya wuce shi. Shi ma dai ba a rasa shi da tabo: yabon da ya rubuta wa Stalin a 1953 ya nuna idon da ya ga zaluncin Amurka ya runtse ga na Masko.

A 1960 ya je Legas bikin rantsar da Nnamdi Azikiwe a matsayin gwamna-janar. A shekarar da ta biyo ya koma Accra da zama bisa gayyatar Nkrumah, don aikin kundin Encyclopedia Africana. A can ya rasu ranar 27 ga Agusta, 1963, ana gobe babban gangamin neman 'yancin baƙar fata a Washington.