Yakima Canutt: Gwanin Dawakin da Ya Haɗa Jarunta da Lissafi

Da yawa daga cikinmu da muka kalli finafinan kaboyi a zamanin ƙuruciya mun sha tafa wa John Wayne, alhali sau da dama wani ne ke faɗowa daga kan doki a madadinsa. Wannan mutum shi ne Enos Edward Canutt, wanda aka fi sani da Yakima.

An haife shi a 1895 a jihar Washington ta Amurka. Ya yi suna a gasar hawan dawaki masu tutsu, sannan ya zama jarumi a finafinai marasa magana. Da aka fara finafinai masu sauti, dasasshiyar muryarsa ta mayar da shi mai fitowa a matsayin mugu, da kuma wasan kasada. A fim ɗin Stagecoach na 1939 ya faɗa tsakanin dawaki suna sukuwa, karusar da suke ja ta bi ta kansa. A 1943 ƙafafunsa biyu suka karye, irin karayar da ko masu ɗorin Aliero sai sun yi da gaske.

Daga baya ya koma tsara wa wasu kasada tare da ƙera kayan kariya. Shi ya shirya tseren karusa na Ben-Hur, fim ɗin 1959. A 1967 aka ba shi lambar girmamawa ta Oscar. Ya mutu a 1986 yana da shekara 90.

Ga 'ya'yanmu masu wasa da babur a bukukuwan Jega da Maiyama, mu tuna musu cewa Canutt bai taɓa tsalle ba sai ya auna inda zai dira.