ALHAJI UMARU NA KETE-KRACHI: LIMAMIN ZANGO A ZAMANIN MULKIN JAMUS

A wannan fitowa filinmu na tarihin magabata zai fita daga Nijeriya, mu bi tsohuwar hanyar fataken goro har bakin Kogin Volta, cikin ƙasar Gana ta yau. Wanda za mu kawo muku labarinsa ɗan zango ne kamar mu. A Kano aka haife shi, amma fiye da rabin rayuwarsa a ƙasar wasu ya yi ta. Can ya karantar, can ya yi limanci, can kuma aka binne shi. Shi ne Alhaji Umaru ɗan Abubakar ɗan Usmanu, wanda mutanen Gana suka fi sani da Imam Imoru.

In ana maganar Turawan mulki, yawancinmu Ingila da Faransa ne ke zuwa mana a rai. To, akwai na uku. Jamusawa ma sun taɓa mulkin Hausawa, a Kamaru da kuma Togo, kuma a ƙarƙashin tutarsu ne wannan malami ya yi shekarun da ya fi yin rubutu a cikinsu.

An haifi Malam Umaru wajen shekarar 1858. Mahaifinsa Bakabe ne, malami kuma farke. Yaron ya fara karatu a Kano, daga baya ya bi malamai zuwa ƙasashen Sakkwato da Gwandu da Kabi. Tun bai wuce shekara ashirin ba, wajen 1877, ya rubuta wani ɗan littafi da Larabci kan yadda ake tsara wasiƙa. Kada mai karatu ya raina wannan. A zamanin da ba waya ba gidan waya, wasiƙar malami ita ce shaidar bashi, ita ce takardar neman hanya wurin sarki, ita ce kuma ke haɗa farke da maigidansa da ke nesa da shi tafiyar wata biyu ko uku.

Hanyar da mahaifinsa ke bi ita ce ta Gwanja. Ayari kan tashi daga ƙasar Hausa da kanwa da tufafi da fatu da dabbobi, a haye Kwara, a bi ta ƙasar Borgu da ta Dagwamba har Salaga, inda ake sayen goron da ke fitowa daga kurmin Ashanti. Salaga ita ce babbar kasuwa, kuma mu faɗi gaskiya, ba goro kaɗai ake sayarwa a cikinta ba, har da bayi. Umaru ya san garin tun yana bin ayari, daga baya ya tare a can ya buɗe makaranta. A Salaga ne ya haɗu da wani Bajamushe matafiyi mai suna Krause, wanda 'yan zango ke kira Malam Musa saboda jin Hausarsa. Wannan ne farkon hulɗarsa da Jamusawa, kuma hulɗar takarda ce da tawada.

Amma Salaga ta riga ta fara tangaɗi. A 1874 Turawan Ingila suka ci Kumasi da yaƙi, sai ƙasashen da ke biyan Ashanti gandu suka ɓalle, hanyar goro ta rikice. A ƙarshen 1892 kuma rikicin sarauta ya ɓarke tsakanin gidajen sarautar Kpembe, wato masu mulkin Salaga. Ɗaya ɓangaren ya gayyato mayaƙa daga arewa, aka ci garin, kasuwa ta watse. Baƙi ba su ne ke neman sarautar ba, amma su suka fi kowa asara, kamar dai yadda aka saba. Malam Umaru yana cikin waɗanda suka bar garin, kuma daga baya ya yi wata doguwar waƙa da Larabci a kan wannan masifa.

Ina aka nufa? Akasarin fatake kudu suka gangara, zuwa Kete.

A nan sai mun ɗan tsaya, don sunan garin ma kansa labari ne. Krachi gari ne na 'yan ƙasa a bakin Volta, kuma a can ne gidan wani tsafi mai suna Dente yake, wanda sunansa ya kai har fadar Kumasi. Kete kuwa zango ne da baƙi Musulmi suka kafa ɗan nesa kaɗan da shi. Wato dai gari da Sabonsa. Wurin ya dace da ciniki, don jiragen kwalekwale kan hauro da gishirin Ada daga bakin teku har nan. Bayan faɗuwar ƙarfin Ashanti, bokan Dente ya zama shi ne wuƙa shi ne nama a yankin: yana karɓar kuɗin fito, yana tare hanya in ya ga dama, yana yanke hukunci. Da Kete ta cika da 'yan gudun hijirar Salaga, dukiya ta ƙaru, sai zaman ya yi tsami tsakaninsa da manyan zango.

Ana cikin haka Jamus ta iso. Tun a 1884 wani jami'insu mai suna Nachtigal, wanda ya taɓa kai wa Shehu Umar na Barno kyautar Sarkin Furushiya, ya kafa tutarsu a gaɓar tekun Togo. A 1888 suka yi yarjejeniya da Ingila cewa yankin Salaga da Yandi ba na kowa ba ne a cikinsu, amma Krachi tana wajen wannan shinge. A watan Nuwamba na 1894 wata tawagar Jamus mai ɗauke da bindigogi, ƙarƙashin Dokta Gruner, ta sauka a Kete. 'Yan kasuwar zango suka kai kukansu. Ba a ɗauki wani dogon lokaci ana shari'a ba, aka kama bokan Dente aka harbe shi. Kafin shekarar ta fita, wani hafsa, Laftanar Doering, ya kafa bariki a wurin, aka haɗa sunayen biyu ana cewa Kete-Krachi.

A ganinmu wannan ita ce gaɓar da ta fi kowace nauyi a tarihin garin. Zango ya samu sauƙi, babu shakka. Amma da bindigar wani baƙon aka samo shi, kuma kashe babban mutumin gari a gaban jama'arsa saboda ƙarar baƙi ba abu ne da mai gari ke mantawa da wuri ba. Tsafin bai mutu ba, an naɗa wani boka. Shi kuwa wanda ya harba bindigar, ba zuwa ya yi ya koma ba. Zama ya zo yi, kuma kowa sai ya biya shi, da ɗan gari da ɗan zango.

Mulkin bariki ne sosai. Togo ba ta da babbar runduna irin ta Kamaru, 'yan sanda ne masu horon soja, waɗanda ko a ƙarshen mulkin ba su wuce ɗari biyar da 'yan kai ba. Abin da zai ba mai karatu mamaki shi ne, da Hausawa aka fara kafa wannan runduna a 1885, ko da yake a wancan zamani duk wanda ya fito daga arewa yana jin Hausa, Bahaushe ake ce masa. Baturen bariki shi ne alƙali, shi ne mai karɓar haraji, shi ne kwamanda. Bayan Doering aka kawo wani hafsa mai suna Zech, wanda ya riƙe Kete-Krachi shekaru da dama, daga baya ya zama Gwamnan Togo daga 1905 zuwa 1910. A Disamban 1896 sojan Jamus suka karkashe mayaƙan Dagwamba a Adibo, suka ƙone Yandi. A 1899 kuma aka raba yankin nan da aka ce ba na kowa ba ne: Salaga ta faɗa hannun Ingila, Yandi ta faɗa hannun Jamus. Hanyar da ayari ya saba bi ba tare da tambayar kowa ba sai sarakuna, yanzu iyaka ta ratsa ta. Jamusawa suka sa wa ayari kuɗin hanya, suka dage sai ciniki ya karkata zuwa tasharsu ta Lome. Ga aikin tilas na gyaran hanya da dako, wanda daga 1907 aka mai da shi doka: kwana 12 a shekara, ko mutum ya fanshi kansa da kuɗi. Ga kuma bulala 25 da mulkin nasu ya yi suna da ita.

Cikin wannan hali ne Malam Umaru ya zauna a Kete. Zango bai rasa nasa rikicin ba, don an yi jayayya kan limanci, kuma hukumar bariki ce ta raba gardama ta tabbatar masa da shi. Iliminsa ba abin musu ba ne. Sai dai mu lura, limamin Musulmi ne aka naɗa da amincewar Nasara. Mu da muka san yadda sarautar Sarkin Hausawa ke tafiya a garuruwan Kurmi, ba sai an yi mana dogon bayani ba.

Baturen da ya fi kusa da shi shi ne Adam Mischlich. Da farko ɗan mishan ne, daga baya ya shiga aikin gwamnati aka ba shi riƙon gundumar Kete-Krachi. Mutum ne mai ƙwazon neman harshe, sai ya mai da liman malaminsa. Ya riƙa roƙonsa ya rubuta masa abin da ya sani game da ƙasar Hausa, shi kuwa Malam ya zauna ya yi ta zuba ajami: tarihin Kabi da na sauran ƙasashe, jihadi da yaƙe-yaƙen da suka biyo baya, noma, rini, saƙa, ƙira, yadda ake haɗa ayari, yadda ake mallakar bawa da yadda bawa ke rayuwa. Mischlich ya buga ƙamus ɗinsa na Hausa da Jamusanci a 1906, sunansa ne a bango, amma duk wanda ya san yadda aka yi aikin ya san akwai gumin liman a ciki. Yau in masana na son sanin yadda talakan Kano ke rayuwa kafin zuwan Bature, rubutun wannan ɗan gudun hijira yana cikin abin da suke fara buɗewa.

To, a nan ne abin yake da ban sha'awa. Hannun da ke rubuta wa Baturen bariki tarihi, shi ne kuma ke rubuta wa almajirai waƙoƙin kukan zuwan Nasara. Ya yi biyu da Larabci wajen 1899 da 1900, ya kuma yi ta Hausa wajen 1903, shekarar da Kano da Sakkwato suka faɗi. A cikinsu ya bi gari gari, sarki sarki, yana lissafa waɗanda aka ci da waɗanda aka kora, yana nuna yadda Turawa suka shigo da lallami da sunan ciniki kafin su fito da bindiga. Wasu za su ce wannan baki biyu ne. Mu ba mu ga haka ba. Mutum ne da ya ga abin da ya faru a Adibo, ya san jama'arsa 'yan kasuwa ne a ƙasar da ba tasu ba, ba su da ganuwa ba su da dawaki. Bai kira su yaƙin da za su ƙare a ciki ba, bai kuma yarda a manta da abin da aka yi ba. Ko da wani mai wa'azi da ake kira Musa ya ɓullo a yankin wajen 1904 yana tara jama'a da manyan da'awoyi, Malam bai bi shi ba, waƙa ma ya yi yana sukar lamarinsa.

Ba siyasa kaɗai ya taɓa ba. Waƙarsa ta Talauci da Wadata har yanzu ana nazarinta a jami'o'i, inda ya zana yadda ake wulaƙanta marar shi ko da shi ne mai gaskiya, ake kuma girmama mai shi ko da ƙarya yake yi. Wanda ya taɓa sauka a tasha ba ko sisi a aljihu zai gane abin da yake nufi. Ya kuma juya waƙoƙin Imru'ul Ƙaisi, shahararren mawaƙin Larabawa na jahiliyya, zuwa Hausa, aikin da sai wanda ya ƙoshi da harsunan biyu ke iya tunkararsa.

Wajen 1913 ya tafi aikin hajji. Bai dawo ya tarar da waɗanda ya bari ba. Yaƙin Duniya na Ɗaya ya tashi a Agustan 1914, sojan Ingila da na Faransa suka shiga Togo ta kowane gefe, cikin mako uku komai ya ƙare. Wanda ya miƙa wuya a Kamina ranar 26 ga Agusta, a matsayin muƙaddashin gwamna, ba kowa ba ne illa Doering, wato hafsan nan da ya kafa barikin Kete-Krachi. Kusan shekara 20 ke nan tsakanin kafa tuta da sauke ta. Gundumar ta koma hannun Ingila.

Malam ya ci gaba da limanci da karantarwa ƙarƙashin sababbin masu mulki. Da annobar mura ta 1918 ta ratsa ƙasar, ita ma ya yi mata waƙa. Almajirai suka riƙa zuwa masa daga zango-zango, suna komawa su zama limamai da malamai a garuruwansu, har ya zama da wuya ka bi salsalar karatun wani tsohon malamin zango a Gana ba ka ci karo da sunansa ba. Amma kasuwar Kete ba ta sake komawa yadda take ba. Goro ya koma bin jirgin ruwa zuwa Ikko, daga nan jirgin ƙasa ya kai shi Kano, daga baya kuma manoman ƙasar Yarbawa suka shiga shuka shi da kansu. Wannan juyi yana cikin abin da ya cika unguwannin Hausawa na Agege da Shagamu da Ibadan, don haka labarin bai yi nisa da ƙofar gidajenmu ba.

Allah ya yi masa rasuwa a Kete-Krachi a 1934, yana da shekara wajen 76. A 1956 mutanen yankin Togo na Ingila suka jefa ƙuri'a, aka haɗa su da Gana wadda ta sami 'yanci a 1957. Bayan haka aka gina madatsar ruwa ta Akosombo, wadda aka kammala a 1965. Tafkin Volta ya taso ya tashi mutum wajen 80,000 daga gidajensu, tsohuwar Kete-Krachi na cikin garuruwan da ruwa ya ci, aka gina sabuwa a kan tudu. Yanzu tana cikin Yankin Oti. Takardun Malam kuwa sun tsira: wasu suna Jamus, wasu a Jami'ar Gana da ke Legon, inda aka tattara su a shekarun 1960, wasu kuma a hannun zuriyar almajiransa. A shekarar 2000 wani masanin Hausa ɗan ƙasar Folan, Farfesa Pilaszewicz, ya buga wani kaso na rubutun ajamin da ya yi wa Mischlich.

Allah ya jiƙan Malam Umaru, ya kai haske kabarinsa, amin.